Stewart McAllister: Editan da ya sa aka saurari Birtaniya a lokacin yaƙi

Stewart McAllister edita ne na fina-finan gaskiya, wato fina-finan da ke nuna rayuwar mutane ta haƙiƙa ba ƙagaggen labari ba. Ɗan asalin yankin Scotland ne na ƙasar Birtaniya, kuma ya yi fice ne a zamanin Yaƙin Duniya na Biyu saboda ƙwarewarsa wajen haɗa hoto da sauti da kiɗa.

Shi ne ya tace akasarin fina-finan da darakta Humphrey Jennings ya shirya wa gwamnatin Birtaniya a shekarun yaƙin, cikinsu har da Listen to Britain, wato Saurari Birtaniya, na shekarar 1942, wanda masana ke sanyawa cikin fitattun fina-finan gaskiya na ƙasar.

Tacewar da ake magana a nan dai ba irin ta hukumar tace fina-finai ba ce, mai cire abin da ya saɓa wa doka ko tarbiyya. Aiki ne na wanda ake jibge wa duk abin da aka ɗauko da kyamara, ya zaɓi na zaɓa, ya yanke, ya jera, ya kuma yanke shawarar sautin da kunne zai ji a daidai lokacin da ido ke ganin kowane hoto. A fim ɗin ƙagaggen labari akwai rubutun da edita zai bi. A fim ɗin gaskiya kuwa, sau da yawa a hannun editan ne labarin kansa ke samuwa.

Duk da haka sunan Jennings ne ya game duniya, na McAllister kuwa ya kusa ɓacewa. Shi ya sa da wani edita ɗan Birtaniya, Dai Vaughan, ya rubuta littafi a kan rayuwarsa a 1983, sai ya sa masa suna Portrait of an Invisible Man, ma'ana hoton mutumin da ba a gani.

Daga zane zuwa fim

An haifi McAllister ranar 27 ga watan Disamba na 1914 a garin Wishaw, wani gari na ma'aikatan ƙarfe da masu haƙar kwal da ke kudu maso gabashin birnin Glasgow.

Zane ya karanta a Makarantar Fasaha ta Glasgow. A can ne ya haɗu da Norman McLaren, sa'ansa kuma ɗan'uwansa ɗalibi, suka shiga shirya ƙananan fina-finai tare da wasu abokansu. Daga ciki akwai Seven Till Five, fim marar sauti da ke nuna yadda yini guda ke gudana a makarantar tasu. McLaren daga baya ya koma ƙasar Kanada a 1941, inda ya shahara, har ma yakan zana sauti da hannunsa a jikin zaren fim.

John Grierson, wanda ake ɗauka a matsayin uban fina-finan gaskiya na Birtaniya, shi ne ya ga aikin McLaren a wata gasa ya gayyace shi Landan. Bayan ɗan lokaci McAllister ya bi sahu, ya shiga sashen shirya fina-finai na Hukumar Gidan Waya ta Birtaniya, wanda aka fi sani da GPO Film Unit.

Mai karatu zai iya mamakin abin da ya haɗa gidan waya da fim. An kafa sashen ne a 1933 domin wayar wa jama'a kai game da ayyukan wasiƙa da tangaraho da tarho, amma sai ya zama wata matattara ta matasa masu gwajin sabbin dabaru. A 1934 wani ɗan ƙasar Brazil, Alberto Cavalcanti, ya zo da ilimin sauti da ya samo a Faransa, yana mai ra'ayin cewa ƙarar inji da muryar mutum da kiɗa duk kayan aiki ne iri ɗaya a hannun mai shirya fim. Fim ɗin Night Mail na 1936, a kan jirgin ƙasa mai kai wasiƙu da dare daga Landan zuwa Scotland, ya gwada haka, inda aka daidaita baitocin W. H. Auden da kiɗan Benjamin Britten da bugun ƙafafun jirgin a kan dogo. A wannan makaranta McAllister ya ƙarasa koyon sana'arsa.

Ɗakin tace fim a wancan zamani

Wanda ya saba da kwamfutar editocin yau da wuya ya gane wahalar aikin a lokacin. Fim zare ne mai faɗin milimita 35, kuma hotuna 24 ke wucewa a kowace daƙiƙa. Fim mai tsawon minti 20 ke nan yana ɗauke da hotuna 28,800. Edita kan duba su ne a wata na'ura mai ƙaramin gilashi, ya sa alama, ya yanke, ya manne da gam. Kuma zaren na wancan lokaci mai saurin kama wuta ne ƙwarai.

Sauti ma hoto ne. Kafin zuwan tef mai maganaɗisu cikin harkar fim bayan yaƙi, akan mayar da sauti ne haske, a buga shi a matsayin wani siririn layi a gefen zaren. Gogaggen edita kan ɗaga zaren ya duba, ya gane da idonsa inda kalma ta fara da inda bugun ganga ya faɗi.

Babbar matsalar ita ce nauyin kayan ɗaukar sauti, waɗanda sai an loda su a mota. Don haka yawancin hotuna akan ɗauke su ne shiru, sannan a nemo sautinsu dabam a haɗa. Wannan cikas ne, to amma kuma dama ce. Tunda dole ne a ɗora wa hoto sauti daga baya, babu abin da ya tilasta wa edita ya ɗora masa nasa na asali. Yana iya sa kunne ya riga ido isa wani wuri, ko ya bar kiɗan wani zaure ya biyo mai kallo har kan titi. A wannan 'yar kafa McAllister ya gina aikinsa.

Farfaganda da gaskiya

Bayan ɓarkewar yaƙi a 1939, sashen ya koma ƙarƙashin Ma'aikatar Watsa Labarai, aka canza masa suna zuwa Crown Film Unit, tare da Ian Dalrymple a matsayin shugaba. Aikin yanzu ya zama na ƙarfafa gwiwar jama'a a gida, da kuma jawo hankalin Amurka, wadda ba ta shiga yaƙin ba sai a watan Disamba na 1941.

Jiragen Jamus sun fara ruwan bama-bamai a kan Landan ranar 7 ga Satumba na 1940, kuma kafin watan Mayun 1941 an kashe fararen hula fiye da 40,000 a faɗin ƙasar. A farkon wannan hali aka yi London Can Take It!, gajeren fim da ɗan jaridar Amurka Quentin Reynolds ya yi wa sharhi, kuma McAllister na cikin waɗanda suka tace shi.

A 1941 ya tace Target for Tonight na darakta Harry Watt, wanda ya bi ma'aikatan wani jirgin yaƙi samfurin Wellington zuwa kai hari Jamus da dare. Sojojin sama na gaske ne suka fito a ciki, jama'a suka yi tururuwar kallonsa, har aka ba shi lambar yabo ta musamman a bikin Oscar na 1942. Sai dai fim ɗin ya nuna bama-bamai na faɗawa daidai inda aka auna, alhali wani binciken sirri da aka miƙa wa gwamnati a watan Agustan 1941, wanda ake kira rahoton Butt, ya gano cewa cikin jiragen da suka ce sun kai hari, kusan ɗaya cikin uku ne kawai ya isa tazarar mil biyar daga inda aka tura shi. Masu shirya fim ɗin ba su ne suka tsara yaƙin ba, amma abin ya nuna cewa gwanintar edita na iya sa abin da bai faru haka ba ya yi kama da gaskiya tsantsa.

A ayyukansa da Jennings ne aka fi ganin hannunsa a fannin kiɗa. A The Heart of Britain na 1941, ƙungiyar makaɗa ta Hallé ta birnin Manchester na kaɗa wani sanannen kiɗa na Beethoven, sai hoton ya bar zauren ya koma kan kangayen birnin Coventry, wanda jiragen Jamus suka ragargaza ranar 14 ga Nuwamban 1940, kiɗan kuwa bai tsaya ba. Beethoven Bajamushe ne. Ke nan kunne na jin abin da Jamus ta ba duniya, ido na ganin abin da gwamnatin 'yan Nazi ta aikata.

A Words for Battle, shi ma na 1941, ɗan wasan nan Laurence Olivier ne ke karanta kalaman wasu marubuta da shugabanni, a kan hotunan da akasari tsofaffi ne da aka tsamo daga ma'ajiya. Fim ne da kusan gaba ɗayansa a ɗakin edita aka haife shi.

Saurari Birtaniya

Listen to Britain bai wuce kimanin minti 20 ba, kuma yadda aka shirya shi tun farko babu mai sharhi ko ɗaya a cikinsa. A zamanin da kusan duk fim ɗin gwamnati ke da wata murya mai gaya wa mai kallo abin da ya kamata ya ji a ransa, wannan ba ƙaramar kasada ba ce.

Fim ɗin ya bi yini guda ne, daga wannan yammaci zuwa na gobe. Ya buɗe da gonar hatsi tana kaɗawa, sai rugugin jiragen Spitfire ya ratsa ta sama. Daga nan sai rediyo a wani gida, sai babban zauren rawa na garin Blackpool maƙil da sojoji da fararen hula, sai masu haƙar kwal, sai jirgin ƙasa cikin duhu da sojojin Kanada suna rera waƙar kewar gida. Agogon Big Ben ya buga, muryoyin rediyon Landan suka cuɗanya cikin harsuna dabam-dabam. Da gari ya waye, tsuntsaye, takun dawakai, yara na rawa a filin makaranta, sannan motocin yaƙi na ratsa wani ƙauye. Mata a masana'anta na bin waƙar da ke fitowa daga lasifika, muryarsu na gauraya da ƙarar injuna.

Wurin da masana suka fi nazari ya zo ne da tsakar rana. Wasu 'yan wasan barkwanci biyu, Flanagan da Allen, na waƙa a ɗakin cin abincin wata masana'anta, ma'aikata na taya su da fito. Waƙar na gab da ƙarewa sai sautin ya zame, ba tare da tuntuɓe ba, ya shiga wani kiɗan Mozart da Myra Hess ke kaɗawa da fiyano a babban gidan adana zane-zane na ƙasa da ke dandalin Trafalgar a Landan. An nemo ne daidai gaɓar da amon kiɗan biyu ya dace da juna, aka yanke a wurin. Kafin mai kallo ya ankara, an ɗauke shi daga cikin leburori an kai shi zauren da Sarauniya Elizabeth, matar Sarki George na Shida, ke zaune tana sauraro.

Wannan zaure na da nasa tarihin. An kwashe zane-zanen da ke cikinsa an ɓoye a yankin Wales saboda bama-bamai, shi ya sa a fim ɗin ake ganin firam babu hoto a jikin bango. Myra Hess, wadda Bayahudiya ce haifaffiyar Landan, ita ta fara shirya kaɗe-kaɗen tsakar rana a wurin daga watan Oktoban 1939, ana shiga da sule ɗaya, kuma an yi zama 1,698 kafin a rufe a 1946.

A ƙasar da ke da tsananin bambancin aji kamar Birtaniya, abin da wannan yanka ɗaya ke faɗi a fili yake: talaka da basarake jirgi ɗaya ya ɗauko su. Da mai sharhi ne ya furta haka, da mutane da yawa sun taɓe baki. Da yake kunnensu ne ya kai su, sai suka karɓa.

Hakan ba ya nufin fim ɗin ya fita daga sahun farfaganda. Babu gawa a cikinsa, babu yajin aiki, babu kasuwar bayan fage, alhali duk akwai su a Birtaniyar wancan lokaci. Zaɓen abin da za a ji ya ƙunshi zaɓen abin da ba za a ji ba.

Suka da karɓuwa

Ba kowa ya yi na'am ba. Edgar Anstey, ɗaya daga cikin almajiran Grierson, ya rubuta a mujallar The Spectator yana kwatanta fim ɗin da kiɗan Sarki Nero yayin da birnin Rum ke ci da wuta, ya kuma yi gargaɗin kada a aika da shi ƙasashen waje. Saboda fargabar cewa ba za a fahimce shi ba, an manna masa gabatarwa a gaba, inda wani ɗan Kanada, Leonard Brockington, ke bayyana wa masu kallo abin da za su ji.

Amma da motocin ma'aikatar suka zagaya da shi masana'antu da zaurukan ƙauyuka, jami'an da ke nuna shi sun ba da labarin yadda jama'a ke tafi. An kuma sa shi cikin 'yan takarar Oscar na fina-finan gaskiya a 1943, ko da yake bai samu ba.

Waɗanda suka tashi a zamanin majigi a Arewacin Nijeriya sun san irin waɗannan motoci. Ma'aikatar Watsa Labaran ce dai ta kafa wani sashe na dabam a 1939 domin shirya wa ƙasashen da ke ƙarƙashin mulkin mallaka fina-finai, bisa jagorancin William Sellers, wani jami'in kiwon lafiya da ya yi aiki a Nijeriya. Ra'ayin Sellers shi ne ɗan Afirka ba zai iya bin fim mai yawan yanke-yanke ba, don haka a yi masa a hankali, a kuma sa mai bayani ya tsaya da makirufo yana fassarawa. Ma'aikata ɗaya ke nan, amma ta yarda da hankalin wasu masu kallo ta raina na wasu.

Wane ne mai fim ɗin?

A jerin sunayen Listen to Britain, an rubuta cewa Humphrey Jennings da Stewart McAllister ne suka ba da umarni suka kuma tace, sunayen biyu tare. Ba kasafai ake yi wa edita haka ba. Amma da shekaru suka ja, sai aka riƙa kiransa fim ɗin Jennings kawai. A 1954 darakta Lindsay Anderson ya rubuta wata maƙala a mujallar Sight and Sound inda ya bayyana Jennings a matsayin mawaƙin gaske tilo da fim ɗin Birtaniya ya haifar, kuma wannan hukunci ne ya zauna.

Dalilin bai da wuyar ganewa. Jennings ya yi karatu a Jami'ar Cambridge, mai zane ne, marubuci ne, ya bar wasiƙu da rubuce-rubuce masu yawa. McAllister kuwa ɗan abin da ya bari a rubuce bai taka kara ya karya ba, kuma aikin edita irin wanda idan ya yi kyau ba a lura da shi ne. Dole Dai Vaughan ya dogara da tunanin abokan aikinsa da kuma nazarin fina-finan gaɓa-gaɓa. Abokan aikin sun tuna cewa mutanen biyu kan yi musu mai zafi da ɗaga murya a ɗakin tacewa, sannan su koma bakin aiki.

Wuce gona da iri ne a ce McAllister ne ya yi komai. A Diary for Timothy, wanda Jennings ya kammala a ƙarshen yaƙi, wasu editoci ne suka tace shi, kuma yana cikin manyan ayyukansa. Abin da za a iya cewa shi ne, a fim ɗin da aka gina kacokan a kan yadda wannan sauti ke miƙa wa wancan, raba aikin darakta da na edita ba zai yiwu ba.

Sun ci gaba da aiki tare a 1943. Fires Were Started ya nuna 'yan kwana-kwana na gaske suna maimaita irin daren da suka sha a tashar jiragen ruwa ta Landan, da gobarar da aka kunna musamman domin ɗaukar fim ɗin.

The Silent Village kuwa ya fi shi nuna ƙarfin sauti. A ranar 10 ga Yunin 1942 dakarun 'yan Nazi suka shafe ƙauyen Lidice na ƙasar Chekoslovakiya, suka harbe maza 173 a rana guda, a matsayin ramuwar kisan babban jami'insu Reinhard Heydrich. Jennings ya je wani ƙauyen masu haƙar kwal a Wales mai suna Cwmgiedd, mutanen garin suka kwaikwayi abin kamar a kansu ya faru. Da ƙyar ake ganin fuskar ɗan mamaya a fim ɗin. Abokin gaba murya ce kawai, daga lasifikar da ke kan wata baƙar mota da kuma akwatin rediyo, yayin da mutanen ƙauyen ke riƙe da harshensu da waƙoƙinsu.

Bayan Jennings

Aikinsu na ƙarshe tare shi ne Family Portrait na 1950, wanda aka shirya domin bikin baje kolin Birtaniya na 1951. A ranar 24 ga Satumba na 1950 Jennings ya faɗo daga kan dutse a tsibirin Poros na ƙasar Girka yana neman wuraren ɗaukar wani sabon fim, ya mutu yana da shekaru 43. Gwamnati ta rufe Crown Film Unit a 1952.

McAllister ya yi sauran rayuwarsa ta aiki a British Transport Films, sashen da aka kafa a 1949 domin shirya fina-finai kan jiragen ƙasa da sauran hanyoyin sufuri da gwamnati ta mayar mallakarta. Shugaban wurin kuwa ba wani ba ne illa Edgar Anstey, wanda ya caccaki Listen to Britain a 1942. A nan McAllister ya zama babba a ɗakin tacewa, yana duba aikin matasan editoci, a wasu fina-finan ma yana sa hannu a rubutun sharhi.

Ya mutu ranar 27 ga Nuwamba na 1962, saura wata guda ya cika shekaru 48.

Tsakanin 2011 da 2013 Cibiyar Fina-finai ta Birtaniya, BFI, ta sake fitar da fina-finan a faya-fayai kashi uku bayan an gyara su. Sunan da aka sa wa tarin shi ne The Complete Humphrey Jennings, wato cikakkun ayyukan Humphrey Jennings.